Yaron Walmart a lamba ta 4: nazarin waƙar farko ta Mason Ramsey

A jadawalin Billboard, mujallar Amurka mai jera waƙoƙin da suka fi tashe kowane mako, na ranar 12 ga Mayu, 2018, waƙar wani yaro ɗan shekara 11 ta faɗo kai tsaye a lamba ta 4 cikin jerin Hot Country Songs na kiɗan kantiri, wato kiɗan karkarar Amurka, ta kuma shiga babban jadawalin Hot 100, mai haɗa kowane irin kiɗa, a lamba ta 62. Sunan waƙar "Famous", wato "Shahararre", yaron kuwa Mason Ramsey ne, ɗan garin Golconda da ke kudancin jihar Illinois a Amurka. A tsakiyar watan Maris na shekarar babu kamfanin waƙa ko ɗaya da ya san da zamansa. Akwai mawaƙa a Nashville, cibiyar kiɗan kantiri, da suka shekara goma suna zarya a gidajen rediyo ba su taɓa leƙa goman farko ba. Amma lamba ta 4 ɗin nan ita ce iyakar inda waƙar ta kai, daga nan sai gangara. Wanda yake son gane dalili, dole ya san abin da lambar take aunawa da abin da ba ta aunawa.

An haifi Mason ranar 16 ga Nuwamba, 2006, ya tashi a hannun kakanninsa. Golconda ƙaramin gari ne a bakin kogin Ohio, mutanensa ba su kai dubu ɗaya ba. A gidansu waƙoƙin Hank Williams ake ji, mutumin da ya rasu ranar 1 ga Janairu, 1953 yana da shekara 29, wanda har yau ake ɗauka a matsayin ginshiƙin kiɗan kantiri. A ƙarshen Maris 2018 wani ya ɗauki yaron da wayar hannu a cikin kantin Walmart na garin Harrisburg. Yana tsaye tsakanin kantocin kaya, sanye da farar riga da jan ɗaurin wuya mai kama da malam-buɗe-littafi, da bel mai ƙaton kai, yana buga ƙafa ɗaya a ƙasa don riƙe kiɗa, babu jita babu ganga. Abin da yake rerawa shi ne "Lovesick Blues", tsohuwar waƙa ta 1922 wadda Hank Williams ya farfaɗo da ita a 1949, ta yi mako 16 a lamba ta ɗaya.

Abin da ya kama kunnen mutane shi ne salon da ake kira yodel. Mawaƙi yana da murya biyu: ta ƙirji mai kauri, da ta sama siririya. Malaman waƙa sukan shafe shekaru suna koya wa ɗalibi yadda zai wuce daga ɗaya zuwa ɗaya ba tare da an ji gaɓar ba. Mai yodel kuwa gaɓar yake nema. Yana jefa muryar daga ƙasa zuwa sama a kan wasali guda, da sauri, ya bari a ji ƙaras ɗin karyewar, sannan ya dawo. Wahalar tana wajen sauka daidai a kan sautin da ake nufi bayan kowace jefawa, kuma yaron yana sauka daidai. Wannan ba sa'a ba ce, aikin shekaru ne na sauraro da kwaikwayo, kuma shi ya sa ba daidai ba ne a ɗauke shi a matsayin abin dariyar intanet kawai, ko da yake yawancin waɗanda suka yaɗa bidiyon a Twitter don nishaɗi suka yi.

Daga nan abubuwa suka riƙa zuwa a jere. Ranar 10 ga Afrilu ya bayyana a shirin talabijin na Ellen DeGeneres, inda Walmart ta ba shi tallafin karatu na dala 15,000. Washegari aka shirya masa wasa a harabar kantin Harrisburg ɗin. Ranar 13 ya hau dandalin bikin Coachella a Kalifoniya tare da makaɗin zamani Whethan, ranar 14 kuma ya tsaya a Grand Ole Opry na Nashville, shahararren dandalin kiɗan kantiri da Hank Williams ya fara hawa a watan Yunin 1949 da wannan waƙar dai. Kamfanoni biyu suka haɗu suka ɗauke shi: Atlantic Records, babban kamfani a ƙarƙashin Warner, da Big Loud na Nashville. Ranar Juma'a 27 ga Afrilu "Famous" ta fito. Tsakanin bidiyon kanti da fitowar waƙa, wata ɗaya ne kacal.

Yadda ake fitar da waƙa cikin makonni

A al'ada sabon mawaƙin kantiri yakan yi shekara ɗaya ko biyu a hannun kamfani kafin a saki waƙarsa ta farko. A nan ba a da wannan lokacin, domin da zafi-zafi ake dukan ƙarfe, kuma hankalin mutanen intanet ba ya jira. Abin da ya sa saurin ya yiwu shi ne tsarin Nashville kansa. Garin cike yake da marubutan waƙa masu albashi a kamfanonin ɗab'i, waɗanda ke zama biyu-biyu ko uku-uku a kullum su rubuta, a naɗi gwajin waƙar a ajiye. Idan kamfani ya samu sabon mawaƙi, sai ya aika a kawo masa abin da ke ajiye ko a rubuta sabo cikin kwanaki. "Famous" mutum huɗu suka rubuta ta: Tyler Hubbard, wanda a lokacin yake ƙungiyar mawaƙa ta Florida Georgia Line, da Corey Crowder, da Sarah Buxton, da Canaan Smith. Joey Moi, ɗaya daga cikin masu Big Loud kuma furodusan Florida Georgia Line, yana cikin waɗanda suka tsara sautinta.

Sauran aikin sananne ne ga duk wanda ya san sitidiyon garin. Makaɗan haya ba sa buƙatar atisaye. Ana rubuta musu waƙar da lambobi a takarda ɗaya, su saurari gwajin sau ɗaya ko biyu, su naɗa. Zama ɗaya awa uku ne, kuma ya isa a kammala kiɗan waƙa fiye da ɗaya. Idan mawaƙin yaro ne, babban abin lura shi ne matakin sauti. Gwajin da babban namiji ya rera yakan yi wa yaron da muryarsa ba ta buɗe ba ƙasa da yawa, don haka dole a ɗaga waƙar sama kafin makaɗa su taɓa kayansu. In aka yi kuskure a nan, sai dai a sake naɗa komai, domin ɗaga sautin da na'ura bayan an gama yana ɓata amon jita. Muryar kuma ba a tsayar da yaro ya yi ta maimaitawa na awanni. Ana ɗaukar 'yan zagaye, a zaɓi layi mafi kyau daga kowanne, a ɗinke. Sai gauraya sauti, da gogewar ƙarshe, da lambar shaidar waƙa, da hoton bango, sannan a miƙa wa Spotify da Apple da sauransu 'yan kwanaki kafin Juma'a.

Zaɓen Juma'a ba don komai ba ne sai lissafi. Tun watan Yulin 2015 makon ƙirga ciniki da saurare na Billboard yana farawa ranar Juma'a ya ƙare ranar Alhamis. Waƙar da aka saki ranar Talata kwana uku kawai za a ƙirga mata a makon farko, sauran ƙarfinta ya tsiyaye zuwa mako na biyu. "Famous" ta samu cikakkun kwana bakwai, daga 27 ga Afrilu zuwa 3 ga Mayu.

Abin da lambar ke aunawa

Nan ne mutane da yawa ke ruɗewa, har da 'yan jarida. Billboard tana da manyan jadawalai biyu na waƙoƙin kantiri. Country Airplay yana ƙirga yawan masu sauraren da waƙa ta isa gare su ta gidajen rediyon kantiri kaɗai. Hot Country Songs kuwa, tun da aka sauya masa tsari a watan Oktoban 2012, yana haɗa abu uku ne: yawan waɗanda suka sayi waƙar suka sauke, yawan sauraren da aka yi mata ta intanet, da kunnawar rediyo na kowane iri. A 2013 aka ƙara YouTube cikin lissafin. Ma'ana, waƙa tana iya hawa saman Hot Country Songs ko da babu gidan rediyon kantiri ɗaya da ya saka ta cikin jerinsa, muddin mutane sun yi tururuwa a intanet cikin kwana bakwai.

Haka aka yi da "Famous". Ciniki da saurare ne suka ɗauke ta, ba rediyo ba. Kuma masu sauraren ba lallai 'yan kantiri ba ne. Matasa ne da suka san yaron ta Twitter da Instagram, suka ji ya fitar da waƙa, suka ce bari mu ji. Kowane dannawa an ƙirga shi, ko na mai so ne ko na mai son ganin ƙwaf. Jadawalin ba ya tambayar dalilin mai sauraro.

Ya kamata a ga kuma cewa kasuwar kantiri a 2018 tana baya a harkar saurare ta intanet idan aka gwada da hip-hop. Masoyanta sun fi dogara da rediyon mota. Saboda haka adadin da a Hot 100 bai wuce ya kai waƙa lamba ta 62 ba, a jadawalin kantiri ya isa ya kai ta ta 4. Tazarar da ke tsakanin lambobin biyu ita ce ainihin hoton lamarin. Ga wani abin da ya ƙara matse ta a babban jadawalin: a ranar da ta fito ne Post Malone ya saki albam ɗinsa "Beerbongs & Bentleys", waƙoƙinsa suka cika Hot 100 a makon. Ita kuwa lamba ta ɗaya ta jadawalin kantiri a lokacin tana hannun "Meant to Be" ta Bebe Rexha da Florida Georgia Line, wadda ta yi mako 50 a wurin, ita ma da taimakon sauraren intanet da gidajen rediyon da ba na kantiri ba. Wato Tyler Hubbard yana da hannu a lamba ta ɗaya da ta huɗu a mako guda.

Idan aka jera Mason da yaran da suka riga shi, sai a ga kamar ya zarce su duka. Tanya Tucker tana da shekara 13 lokacin da "Delta Dawn" ta kai lamba ta 6 a 1972. LeAnn Rimes ma shekararta 13 lokacin da "Blue" ta kai ta 10 a 1996. Billy Gilman ya kai ta 20 da "One Voice" a 2000, yana shiga shekara ta 12. Amma wannan gwadawar ba ta yi ba, domin ma'aunin ba ɗaya ba ne. A zamanin Rimes da Gilman rediyo kaɗai jadawalin yake ƙirgawa, ta na'urorin BDS masu bibiyar waƙoƙin da tashoshi ke kunnawa, da aka fara amfani da su a 1990. Lamba ta 10 ta Rimes tana nufin manajojin shirye-shirye a faɗin ƙasar sun amince su riƙa kunna ta, mako bayan mako. Kuma ciniki ya bi baya: albam ɗin "Blue" ya sayar da kwafi miliyan 6 a Amurka, ta ci kyautar Grammy biyu a 1997 tana da shekara 14. Albam ɗin Gilman na farko ya kai miliyan 2. A ganinmu lamba ta 20 ta Gilman ta fi ta 4 ta Mason nauyi, in ana maganar kafuwar mawaƙi a cikin masu sauraren kantiri.

Inda aka samu tangarɗa

Matsala ta farko ita ce waƙar kanta. An tsara ta da kyau, sautinta tsaf, kalmar da aka raɗa mata kuma ta dace da labarin yaron da ya yi suna dare ɗaya. Sai dai waƙar soyayya ce ta babban namiji, mai cewa ya fi son a san shi da ƙaunar budurwarsa a kan kowace irin shahara. Ɗan shekara 11 yana iya rera kalmomin, amma mai sauraro ba zai gaskata shi ba. Mafi muhimmanci, abin da ya tara masa jama'a tun farko, wato yodel da amon 1949, ba shi ne ƙashin bayan waƙar ba. An ɗauki yaron da ya bambanta da kowa aka ba shi irin sautin da ya cika rediyo a shekarar. Gwada da "Blue": Bill Mack ya rubuta ta tun 1958, tsohon salo ce, kuma karyewar murya tana cikin kalmar farko ta amshinta, don haka abin da Rimes ta fi iyawa shi aka fara ji. "One Voice" kuwa an rubuta ta ne daga idon yaro mai kallon tashin hankalin duniya, shekarun Gilman suka zama ƙarfin waƙar maimakon rauninta. Ƙaramin albam ɗin da Mason ya fitar ranar 20 ga Yuli, 2018 ya ɗan gyara wannan, domin uku daga cikin waƙoƙinsa shida waɗanda Hank Williams ya rera ne, har da "Lovesick Blues". Amma a lokacin an yi kusan wata huɗu da bidiyon, guguwar ta lafa.

Ta biyu ita ce rediyo. Hawa Country Airplay aiki ne mai cin lokaci da kuɗi. Kamfani yana sa ranar da yake neman tashoshi su ɗauki waƙa, yana da ma'aikatan talla a kowane yanki masu kiran manajoji a waya kowane mako, shi kuma sabon mawaƙi yakan yi watanni yana yawo daga tasha zuwa tasha da jita, yana rera wa ma'aikata waƙa a ɗakin taro. Waƙar sabon shiga takan yi mako 30 ko 40 kafin ta isa sama, in ta isa. Yaro mai zuwa makaranta ba zai iya wannan zaryar ba, kuma bai kamata a sa shi ba. Ban da haka, tashoshin suna sayar wa 'yan talla kunnuwan manya ne, masu shekara 25 zuwa 54, kuma manajoji suna ɗari-ɗari da duk abin da suke ganin yayi ne. Waƙar da rediyo bai riƙe ba, da zarar masu leƙe sun gama leƙensu babu abin da zai tallabe ta a mako na uku da na huɗu.

Sai batun kuɗi, wanda iyaye suka fi jahilta. Lamba a jadawali ba ta biyan ko sisi. A 2018 ana sayar da waƙa ɗaya a kan dala 1.29 ko ƙasa da haka, kantin intanet ya cire kusan kashi 30 cikin 100. Daga abin da ya rage, santi 9.1 na marubuta ne da kamfanonin ɗab'insu, bisa farashin da doka ta yanke a lokacin, kuma a nan marubutan huɗu ne, babu Mason a ciki. Saurare ɗaya ta intanet bai kai santi guda ba. Kason sabon mawaƙi a babban kamfani yawanci bai kai kashi 20 cikin 100 ba, kuma ba zai ga ko kwabo daga ciki ba sai kamfani ya fanshe kuɗin da ya ba shi tun farko da na sitidiyo. Ko rediyon ma, a Amurka gidajen AM da FM marubuci suke biya, ba mai rerawa ba. Kuɗin yaro irin wannan yana wajen wasannin dandali, da sayar da riguna da huluna, da talla.

Doka tana da nata tanadin, domin yaro yana da ikon warware kwantiragin da aka sa hannu a madadinsa. Shi ya sa kamfanoni ke kai kwantiragin gaban alƙali ya amince da shi, bayan haka ba ya warwaruwa. A Kalifoniya dokar Coogan, wadda ta samo asali a 1939 bayan mahaifiyar ɗan wasa Jackie Coogan da mijinta sun cinye dukiyarsa, ta tilasta a ajiye kashi 15 cikin 100 na abin da yaro ya samu a asusun da ba a taɓawa sai ya kai 18. Jihar Tennessee ma tana da dokarta ta kare yara masu wasa. Kashi 15 kaɗan ne, sauran 85 suna hannun manya. LeAnn Rimes ta kai ƙarar mahaifinta da tsohon manajanta a 2000 a kan fiye da dala miliyan 7, ta kuma nemi kotu ta raba ta da kwantiragin Curb Records da aka ƙulla tana ƙarama. Daga baya aka sasanta. Darasin aiki a nan a bayyane yake: lauyan yaro ya zama nasa shi kaɗai, ba na kamfani ba, ba kuma na manaja ba, sannan mai duba lissafi kada ya zama ɗan gida.

Akwai kuma agogon da babu kwantiragin da zai tsayar. Tsakanin shekara 12 zuwa 15 maƙogwaron yaro namiji yana girma, tantanin murya ya ƙara tsawo da kauri, muryar ta sauka da kusan cikakken tsani guda na sauti. A watannin da ake wannan sauyin muryar tana karyewa inda ba a so, kuma ga mai yodel abin ya fi muni, domin gaɓar da ya saba jefa murya a kanta tana matsawa daga wurinta. Tilasta wa yaro ya ci gaba da rera tsofaffin waƙoƙinsa a tsohon mataki yana iya jawo kumburi da ƙulli a tantanin. Abin da masu horar da murya ke yi shi ne sauke matakin waƙoƙin a hankali, rage yawan wasanni, da barin yaro ya huta in ya fara dishewa. Billy Gilman sai da ya dakata da waƙa na wani lokaci a wannan gaɓar, bai sake jan hankalin ƙasa sosai ba sai 2016, da ya zo na biyu a gasar The Voice. Kamfanin da ya ɗauki ɗan shekara 11 ya san cewa muryar da ya saya ta shekara biyu ko uku ce.

Mason ya yi amfani da waɗannan shekarun. A Yulin 2019 ya fitar da ƙaramin albam na biyu, "Twang", ya kuma shiga ɗaya daga cikin sababbin zubin "Old Town Road" ta Lil Nas X tare da Billy Ray Cyrus da Young Thug, waƙar da Billboard ta cire daga jadawalin kantiri a watan Maris na shekarar bisa hujjar cewa ba ta cika kantiri ba, ta je ta yi mako 19 a saman Hot 100. Ya hau dandalin Grammy da su a Janairun 2020, ya yi wa Burger King talla a tsakiyar shekarar, sannan ya ja baya ya koma Golconda daidai lokacin da muryarsa ke sauyawa. Wannan janyewar ita ce shawara mafi kyau da aka yanke a duk tafiyar. A 2022 matasan TikTok suka tono "Before I Knew It", wata waƙa daga cikin "Twang", suka sake yaɗa ta ba tare da kamfani ya shirya ba. Ya dawo da ƙaramin albam a 2023, sannan a 2024, yana da shekara 17, ya fitar da cikakken albam ɗinsa na farko, "I'll See You in My Dreams", da murya mai kauri da salon shekarun 1950 da 1960, wanda ya fi kusa da abin da ya rera a kantin Harrisburg fiye da "Famous".